Allurar da Ta Tsaya a Rabi

Duk yankin Nongoma babu wanda bai san motar Velaphi Ntombela ba, kuma babu wanda ya taɓa aronta sau biyu. 'Yar ƙaramar mota ce ruwan toka, ta tsufa tun kafin ta zo hannunsa. Ya saye ta ne da kuɗin sallamarsa, bayan ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana jan rake da tarakta a gonakin Pongola. Matarsa ba ta ga motar ba, ta rasu saura kaɗan ya bar aiki, ta bar masa 'ya'ya biyu, Qiniso da ƙanwarsa Nokwanda. Wataƙila shi ya sa ya ɗauki son duniya ya ɗora wa ƙarfe. Kullum da safe sai ya goge ta kafin ya wanke fuskarsa.

Mutum ne mai kirki, wannan ba a ja, amma taurin kai kam sai dai a yi shiru. In Ntombela ya ce akuyar nan baƙa ce, to ko fara ce sol, gara ka ce masa haka ne ka wuce harkarka.

Wata shekara da aka yi ruwa mai yawa, ya dage sai ya tsallaka rafin da ke ƙasan gidansa da motar. Dutse ya naushi tankin mai daga ƙasa, ya lotsa shi ciki. Bai huje ba, amma daga ranar cikinsa ya ragu, man da yake ɗauka bai kai na da ba. Allurar da ke nuna yawan mai kuma ta koyi ƙarya. In an cika tanki takan sauko da gaskiyarta har ta gota rabi kaɗan, daga nan sai ta kafe. Ka yi ta tafiya tana ce maka akwai, akwai, har mota ta yi tari ta mutu.

Wani da sai ya kai wa bakanike. Ntombela kuwa ina! Sai ya koyi jijjiga motar da ƙugunsa, ya kara kunne a gefenta ya saurari motsin man, ya san abin da ya rage. Bai gaya wa kowa ba. Da farko kunya ce ta hana shi, don an gargaɗe shi kan rafin nan bai ji ba. Daga baya abin ya yi masa daɗi, ganin duk wanda ya ari motar a ƙafa yake dawowa riƙe da jarka.

Wani maƙwabcinsa da ya sha tafiya a rana ya taɓa ce masa, "Ntombela, motar nan taka mayya ce. Allura na rabi fa ta mutu mini!"

Ya ce, "Lafiyarta ƙalau. Ƙafarka ce mai nauyi, kana taka ta kamar kana kashe maciji."

Qiniso ne kaɗai ya gano. Yaron tun yana ƙarami yake kwance rediyo ya mayar, da ya girma ya shiga koyon kanikanci. Ranar da ya ɗauki motar zuwa gaida iyayen yarinyar da yake nema, sanye da sabon kwat, ta mutu masa a tsakiyar dajin ƙaya. Bai isa ba sai bayan an gaji da jira an watse, mutanen kuma suka ɗauka raini ne. Da ya dawo ko kwat ɗin bai tuɓe ba ya shige ƙarƙashin motar.

Ya fito ya ce, "Baba, tankin nan a lotse yake, ya danne abin da ke motsa allura. Ka sani?"

Uban ya ce, "Wa ya aike ka ƙarƙashin motata?"

"Ashe ka sani! Ka sani ka bar ni na tafi! Ba ni yini ɗaya in sauke shi in gyara."

"Kai da ko gemu ba ka gama tarawa ba za ka koya mini mota? Kada ka sake ka taɓa ta."

Abin da ya fi ƙona wa Qiniso rai shi ne dariyar da uban ya yi da ya ga ƙaya a gindin wandon kwat ɗin. Maganar auren ta lalace. Ba a daɗe ba ya tattara kayansa ya tafi eMalahleni, garin kwal, ya sami aikin gyaran manyan motoci. Yana aiko da saƙo, yana zuwa Kirsimeti, amma tsakaninsa da uban sai gaisuwa. Ntombela ya sha shirya maganar da zai yi masa, kullum sai ya ce bari dai wani zuwan.

Ƙurar kwal ta ci ƙirjin yaron. Bai gaya wa kowa yana ciwo ba, shi ma ai ɗan ubansa ne. Mai gidan da yake haya ne ya ɓalle ƙofa ya same shi. Allah Sarki, Qiniso! Aka kawo gawa aka binne a bayan garken shanu, kusa da uwarsa.

To amma gawa ce kawai ta zo. A al'adarsu, wanda ya mutu a nesa, ruhunsa na can inda ya fita daga jiki, sai an je an ɗauko shi da reshen magaryar kura. Gwaggo Thokozile, yayar Ntombela, ita ce babba a dangi, ita ta yanko reshen ta damƙa masa, ta kuma yi masa karatun da ya riga ya sani.

Ta ce, "Daga sa'ar da ka kira shi ya shiga reshen nan, bakinka nasa ne shi kaɗai. Ka gaya masa kowane gari, kowace gada, kowace tsayawa. In ka yi wa mai rai magana kafin ka shigo ƙofar gidan nan, a nan inda ka yi ta zai sauka. Kuma ka san a gidanmu sau ɗaya ake kiran mamaci. Ka ji ni, Velaphi? Na san bakinka."

Ta juya ga Nokwanda, wadda za ta tuƙo su a dawowa, tunda mai riƙe da reshe ba ya riƙe sitiyari. Nokwanda aikin jinya take yi a Durban, ta iya tuƙi, amma ba ta taɓa zama a kujerar direban motar ubanta ba. Gwaggo ta ce, "Ke kuma ki toshe kunnenki. Abin da uba zai gaya wa ɗansa ba naki ba ne. Kada ki amsa, kada ki yi ta tsaye-tsaye a hanya."

A tafiya shi ya tuƙa. Ya ƙara mai a Mkhondo sa'ad da Nokwanda ta shiga sayen burodi, don haka ba ta lura ba. Ya yi niyyar gaya mata zancen allurar, da gaske ya yi niyya. A daren da suka isa ya ce sai da safe. Da safe ta cika tanki, ta ce masa mai sayar da man ya ce irin wannan motar in an cika ta har Nongoma za ta kai da saura. Ya buɗe baki, sai ya ji nauyin a ce yau shi ne zai faɗi aibin motarsa a gaban yaron gidan mai. Ya ce a ransa bari su isa ɗakin Qiniso tukuna.

Da mai gidan ya buɗe ɗakin, sai ga takalman aikin Qiniso a bakin gado, an jera su kamar mai shirin fita. A kan taga kuma ga hoton ubansa jingine da motar. Komai ya gudu daga kan Ntombela. Ya durƙusa, ya shafa reshen a ƙasa inda aka tsinci yaron, ya ce, "Qiniso, ni ne ubanka. Na zo tafiya da kai gida. Tashi mu je." Shi ke nan, baki ya rufu.

Ya zauna a gaba, reshe a cinya, yana magana ƙasa-ƙasa. "Ga mu mun fita gari, ɗana. Wannan Ermelo ce, wucewa za mu yi. Ga gada, riƙe da kyau." Nokwanda ta kunna waƙoƙin coci a wayarta don kada ta ji abin da ba nata ba, tana tuƙi tana share hawaye da bayan hannu.

Sai da suka wuce Mkhondo idonsa ya faɗa kan allurar. Ta gota rabi kaɗan, ta kafe. Ya miƙa yatsa ya nuna mata. Ta duba ta ce, "Akwai mai, Baba, kusan rabi ma." Nan take ta rufe bakinta da hannu, don ta tuna an hana ta.

Suka gangaro Pongola, inda gidan mai na ƙarshe yake kafin a kama hanyar Nongoma. Ya taɓa hannunta ya nuna gidan man. Ta rage gudu, ta ce a hankali, "Bayan gida?" Ya girgiza kai, yana tsoron ko girgiza kan ma magana ce. Sai dabara ta zo masa, ya ɗaga murya ga reshen.

"Qiniso, ka tuna allurar nan ƙarya take yi! Tankin a lotse yake, kai ka faɗa. Gaskiyarka ce, ɗana, ni ne ban ji ba. Da na bar ka ka gyara!"

Kaico! Nokwanda ta ji ubanta yana ba wa ɗansa haƙuri, abin da ba ta taɓa ji ba tun da aka haife ta. Ta ƙara ƙarar waƙar don ta ba su wuri, ta taka mota. Gidan mai ya wuce ta madubi.

Bayan Magudu, rana ta karkata amma da sauran zafinta, motar ta yi tari sau biyu ta mutu. Babu gida, babu rumfa, sai shingen waya da ƙaya ko ta ina. Nokwanda ta murza makulli har ta gaji, ta kalli allurar, ta kalli ubanta, sai yanzu maganarsa ta dawo mata. Waya kuma ba ta kamawa a wurin. Ntombela ya ce da reshen, "Mun ɗan tsaya, ɗana. Kada ka sauka, ba mu iso ba."

Sun jima kafin wata a-kori-kura ta wuce su ta tsaya can gaba. Maza uku ne a ciki. Nokwanda ta ɗauki jarka ta nufe su da sauri.

Direban ya leƙo ya ce, "'Yan mata, mai ne ya ƙare? Shigo mu kai ki, ai ba a bar irinki a rana ba. Tsohon ya jira, ba inda za shi."

Daga inda yake zaune Ntombela yana ganin abin da ita ba ta gani. Motar ba ta da lamba. Na bayan ya tura kwalabe ƙarƙashin buhu da ƙafa, ya ƙyafta wa ɗan'uwansa ido. Wanda ya sauko ya buɗe mata ƙofa kuma ba gefe ya koma ba, bayanta ya tsaya, ya tare hanya. Ntombela ya danna hon, ashe ta tafi da makulli a hannu, motar ba ta ce uffan ba. Ya bubbuga ƙofa, iska ta kwashe ƙarar. Ya yunƙura zai fito, gwiwarsa da ta sandare tun safe ta ƙi ɗaukarsa. Ƙafar Nokwanda ɗaya ta riga ta hau motarsu.

Ya kalli reshen da ke hannunsa. Ya kalli bayan 'yarsa.

"Nokwanda! Sauko! Sauko, na ce!"

Muryar da ya saba kira da ita ta saman ƙarar tarakta ce, har shanun da ke bayan shinge suka ɗaga kai. Ta yi tsalle baya, ta ture mutumin, ta zubar da jarkar. Daidai nan wata babbar motar rake ta ɓullo daga kwana tana rage gudu. Mutanen suka ɗura wa tsohon ashar, suka ja motarsu suka tafi.

Ta iso tana haki. Ta tsaya a bakin ƙofa, ta ga yadda ya riƙe reshen da hannu biyu, ƙayar ta shige tafinsa har jini na bin yatsunsa.

"Baba, ka yi magana."

"Na yi."

Ta durƙusa a kan tsakuwa ta kama gwiwarsa tana kuka. "Mu ce ba a yi ba. Gwaggo ba ta nan, ni kuma ba zan faɗa ba har in mutu. Babu wanda ya ji, Baba."

Ya ce, "Shi ya ji."

Direban motar raken ya tsiyaya musu ɗan man da yake ajiyewa na injin ban-ruwa, ya ga reshen, ya cire hularsa. Ntombela ya dafa kafaɗar 'yarsa ya fito. Ya yi ta ɗingishi a bakin shingen yana dubawa, har ya sami wata 'yar bishiya mai inuwa. Ya share gindinta da hannu, ya kwantar da reshen, ya ɗora dutse a kai don kada iska ta ɗauka. Suka shiga gida da yamma hannu rabbana, ba reshe. Gwaggo Thokozile na tsaye a ƙofa tana jira da mutane, da ta ga hannunsa sai ta zauna a ƙasa.

Ntombela ya yi shekaru bayan wannan. Bai ƙara yi wa kowa dariya ba, gardamar ma ya bar ta. Duk ranar Asabar, in ka bi hanyar Magudu, za ka gan shi zaune a kan bokiti a gindin bishiyar nan, bakinsa na motsi. Da farko direbobin haya kan tsaya su ce, "Baba, ina zuwa?" Daga baya suka gane, suka daina tsayawa.