Direba Baba ya yafe wa

Ɗazu a tashar Argungu mota ta bugi wani mai babur. Bai ko miƙe daga ƙasa ba na ji yana cewa ya yafe. Tun lokacin na kasa zama wuri ɗaya.

Shekarun baya, tun muna cikin Jihar Sakkwato, motar albasa ta take yayana Ummaru a Ambursa, har aka yanke mishi ƙafa. Direban ya zo gida da dattawan garinsu, ya durƙusa yana kuka. Baba ya ce ya yafe, aka shafa fatiha.

Daga baya kotu a Birnin Kebbi ta ce kamfanin inshorar motar ya biya diyya. Kamfanin ya ɗaukaka ƙara zuwa Sakkwato, wai ai mun riga mun yafe. Ni na raka Baba.

Lauyansu ya ce, "Malam, ba da bakinka ka ce ka yafe ba, a gaban shaidu?"

Baba ya ce, "Direba niy yahe ma, shi da yaz zo har gida yad durƙusa. Kamfanin naku yaushe yat tako yac ce muna sannu?"

Alƙali ya ɗage zaman. Haka aka yi ta ɗagewa, muna ta zarya a hanya, har Baba ya rasu.

Yaya Ummaru yana nan Nassarawa da sandunansa, bai taɓa ganin laifin Baba ba. Ni ce abin ke ci har yau.

Don Allah ku gaya min, in ka yafe wa wanda ya durƙusa maka, shi ke nan ka yafe wa wanda ko ƙofar gidanka bai sani ba?