Na Bi Wutarmu Har Damagaram

Alhamis: Azare zuwa Maigatari

Ƙarfe biyar da kwata na asuba na fito daga gida ina laluben hanya da tocila, domin ranar kwananmu goma sha ɗaya rabonmu da wutar lantarki. Ga wanda bai san ni ba, tsohon malamin sakandare ne ni a nan Azare. Shekara talatin na yi ina koya wa 'ya'yan mutane yadda ake tafiyar da gwamnati, saboda haka nake ganin ba mai yi mini wayo. Da na yi ritaya sai na kwashe kuɗin sallamata na sayi manyan firiza uku, na kama shago a bakin kasuwa, wai zan riƙa sayar da ƙanƙara. Shekara biyu ke nan firizojin suna hutawa. A ɗaya daga ciki ma nake ajiye tabarma da buta.

Mijin ƙanwata Rabi, Alhaji Mamman Sani, mutumin Damagaram ne a Nijar. Tun da salula ta zo ƙasar Katagum ya hana ni sakat: "Yaya, kwaso firizojin nan ka taho. Mu nan wuta ko ƙiftawa ba ta yi." Azumi saura mako uku. In ya wuce ban sayar da ƙanƙara ba, sai dai in kai firizojin wurin 'yan gwangwan, ga kuma 'yata Hafsatu tana makarantar koyon jinya, shagon nan take kallo. Da na yi wa uwargida maganar ƙaura, sai ta ce, "Malam, je ka gano. Amma ni da tsufana ba zan bar dangina in bi waya ba."

Abokin tafiyata Emeka ne, maƙwabcina a kasuwa. A Azare aka haife shi, ya fi ni Fulatanci, kuma janareto yake sayarwa, wato duk ranar da na yi kuka shi ranar yake cin kaza. Ya ce zai raka ni ya duba kasuwa.

Fijo muka shiga, mu tara a wurin mutum bakwai. Ƙarfe shida saura muka tashi, muka wuce Gadau gari na wayewa, muka bi ta Kafin Hausa, muka shiga Haɗeja takwas da rabi. A nan direba ya ce mai ya yi ƙasa. Gidajen mai uku muka leƙa, kowanne da layin motoci kamar ana rabon Aljanna, famfo kuwa a ɗaure da leda. A ƙarshe wurin 'yan bumburutu muka sha galan biyu.

Na ce, "Direba, ƙasa mai rijiyoyin mai, ina man ya tafi?"

Ya ce, "Malam, ba Nijar za ka ba? Za ku haɗu. Ya riga ka tashi ne kawai."

Bayan Gumel muka tarar da wani shinge. Wani mai kaki ya tsare wani bawan Allah a kan babur da jarka ɗaya, yana karanta masa dokar da ta hana fitar da mai daga ƙasa, sashe-sashe, har da ɗaga yatsa. Karatun ya burge ni, don ko ni ban taɓa koyar da doka da ƙwazo haka ba. Yana cikin yi wata tanka ta taho, ya ɗaga mata hannu, yaron motar ya ɗago masa, ta wuce. Na tabbata ruwan sha ta ɗauko.

Sha biyu da kwata muka isa Maigatari, ranar kasuwa. Muka ci shinkafa da wake a wata rumfa, muka yi canjin kuɗi, muka yi azahar.

Alhamis da yamma: Maigatari zuwa Damagaram

A kan iyaka aka duba katina gaba da baya, aka tambaye ni sunan mahaifiyata da abin da zan je yi. Na ce zumunci. Ban ce na biyo sawun wutar ƙasarmu ba ne, don ita ba a tambayarta kati.

Muna tsallakawa sai ga man da direban Haɗeja ya yi mini alkawari, jere a bakin hanya cikin kwalabe, ja-ja da shi, babu layi babu faɗa. Na ji kamar in tsaya mu gaisa. Wata tsohuwar a-kori-kura ce ta ɗauke mu, mu da buhunan masara, hanya rabi kwalta rabi jar ƙasa. Tafiyar da aka ce awa uku ce ta ci biyar.

Ana kiran magariba muka shiga Damagaram, kuma a daidai lokacin fitilun titi suka kama gaba ɗaya. Ba wanda ya ɗaga kai. Ba yaron da ya yi ihu. Mai shayi ya ci gaba da fifita wutarsa kamar ba abin al'ajabi ne ya faru ba. Na juya in yi wa Emeka magana, na ga fuskarsa kamar an aiko masa da rasuwa.

Ya ce, "Malam, ka kasa kunne. Ko janareto ɗaya ba na ji. Wannan wane irin gari ne?"

Rabi ta tarbe mu da ruwan da sanyinsa ya riƙe mini haƙori, sannan tuwon gero miyar kuka. Ita ma sana'ar sanyi take yi, zoɓo da ƙanƙara, da firiji biyu a tsakar gida. Alhaji ya sauke mu a ɗakin zaure, fanka na juyawa. Na kashe ta na kunna har sau uku, don kawai in ga ta yi biyayya.

Juma'a: Damagaram

Da hantsi Alhaji ya kai ni gaida maƙwabcinsa, wani dattijo da suke kira Mushe Ibro, wato Malam Ibro a bakin masu Faransanci, tsohon ma'aikacin gidan wuta na can. Su wuta kuran suke ce mata. Na tambaye shi daga ina kuran ɗin nan take.

Ya ce, "Daga gidanku mana, Malam. Ta Katsina wayar ta shigo. Kogin Kwara ta ƙasarmu yake bi kafin ya iso muku. Da mun tare shi da madatsa, da injinanku na Kainji sun sha iska. Shi ne manya suka zauna tun muna samari, aka ce mu bar muku ruwa, ku sayar mana da kuran. Aka sa hannu, aka ɗauki hoto."

Na ce na san zancen. Shekara da shekaru ina rubuta shi a allo a matsayin misalin kyakkyawar maƙwabtaka tsakanin ƙasashe, ɗalibaina suna haddace shi da fitilar ƙwai. Har na taɓa kayar da wani yaro a jarrabawa don ya rubuta cewa yarjejeniyar ba ta amfane shi da komai ba. In yana karanta wannan, ya yafe mini.

Daga nan muka je ganin shagon da Alhaji ya nema mini. Wuri mai kyau, kusa da tasha. Ya nuna mini mita a bango, ya ce a nan abin da ka sha shi za ka biya, in ka yi latti kuma a yanke ba sallama. Na ce wannan ai adalci ne, mu can takardar biya ba ta taɓa latti ba, wutar ce dai ba ta zuwa. Na tafi masallacin Juma'a zuciyata ta gama ƙaura. Har na fara tsara yadda zan shawo kan uwargida.

Muna dawowa, ƙarfe uku saura kwata, fanka ta yi juyi biyu ta tsaya.

Alhaji ya ce, "Yanzu za ta dawo." La'asar ta yi, magariba ta yi. Mushe Ibro ya aika a tambayo tsofaffin abokan aikinsa, aka ce matsalar ba ta nan ba ce, daga Najeriya aka ɗauke, kuma ba wanda ya san dalili. Kafin isha duk unguwar ta ji cewa akwai ɗan Najeriya a gidan Alhaji Mamman Sani.

Asabar: Damagaram

Ban taɓa riƙe muƙami ba, amma ranar na zama jakada. Tela ya zo, mai walda ya zo, mai injin niƙa ya zo, kowa ya gaishe ni da ladabi sannan ya tambayi abin da suka yi mana. Na ce ni ma baƙo ne, wutar nan ban fi su saninta ba, hasali ma a garinsu na fara ganinta da kyau. Ba wanda ya yarda. Rabi kuwa tana ta kwashe ƙanƙarar da ta zama ruwa, tana bi na da kallo.

Emeka ne kaɗai ya warke. Tun safe ya fita, bai dawo ba sai azahar, yana murmushi. Ya ce, "Malam, ashe garin nan da albarka. Mutum shida sun ce in kawo musu."

Wajen ƙarfe biyu wata mata ta yi sallama, Hajiya Zuwaira, gidanta na bayan na Alhaji. Mijinta na da ciwon sukari, kuma a firijin Rabi take ajiye ruwan allurarsa, wanda zafi ke lalatawa. Daga Yamai ake kawo shi. Ta tsuguna, kwalaben a cikin gyalenta, ta ce, "Malam, don Allah in kana da wanda ka sani a can, ka yi masa waya. Ko ta awa biyu ce su ba mu."

Da gaske take. Duk ba'ar da ke bakina ta gudu. Na ce, "Hajiya, ban san kowa ba. Amma a kawo mini tukwanen ƙasa biyu, babba da ƙarama, da yashi."

Na sa ƙaramar cikin babbar, na cika tsakaninsu da yashi, na jiƙa shi sharkaf, muka sa kwalaben a ciki, muka rufe da jiƙaƙƙen buhu a inuwa inda iska ke bi. Na ce ta riƙa ƙara ruwa, kuma ta nuna wa likitansu maganin kafin a yi amfani da shi. Haka muke yi a Azare. Bayan awa ɗaya ta sa hannu ta ji sanyi, ta yi ta sa mini albarka har na ji kunya. Mutanen unguwa suka kewaye tukunya suna tambaya. A tafiyar nan kaf, wannan ce fasahar da na ga mun fi su: mun daɗe a duhu, mun ƙware.

Da yamma Mushe Ibro ya same ni a zaure. Ya ce, "Ka gani ko, Malam? Ku kuna kukan an kwashe an ba mu. Mu kuma ba mu gina namu ba, makunninmu yana ƙasar wasu. Waɗanda suka sa hannun kuwa, ko a can ko a nan, ba wanda ya taɓa kwana da zufa."

Na ce, "To in na kawo firizojina nan fa?"

Ya ce, "Wanda ke ɗauke maka a can shi zai ɗauke maka a nan. Sai dai a nan ba ka san ofishin da za ka je ka zaga ba."

Na kira Alhaji na ba shi haƙuri, na ce a sallami mai shago.

Lahadi: Komawa

Shida na safe muka bar Damagaram, wutar ba ta dawo ba. Maigatari sha ɗaya, Haɗeja biyu da rabi, layin mai yana nan inda muka bar shi, ina jin har da motocin. Taya ta fashe mana kafin Gadau, muka yi la'asar a bakin gona. Shida da rabi na yi sallama a gidana.

Uwargida ta kawo ruwan randa, ta bari na sha, sannan ta ce, "Malam, bayanka an kawo wuta."

Na ce, "Yaushe?"

"Ranar Juma'a bayan masallaci. Wani babba ne ya zo ɗaurin auren 'yarsa daga Abuja. Ba ta ƙifta ba sai ɗazu da azahar, da ya tafi. Duk masu firiji sun yi ƙanƙara, har daga Jama'are aka zo saye."

"Namu fa?"

Ta ce, "Ina makullin shagon?"

Na sa hannu a aljihu. Ya je Damagaram ya dawo lafiya.

Washegari na ba Emeka firiza ɗaya ya ba ni janareto, har ya rage mini don zumuncin tafiya. Da sauran biyun na yi azumin, rabin yini ina shago, rabi ina layin mai. Hafsatu dai ba ta bar makaranta ba.

Ina godiya ga Allah da ya kai mu ya dawo da mu. Ina gode wa Alhaji Mamman Sani da Rabi, da Mushe Ibro da ya ba ni darasin da na shekara talatin ina bayarwa ban fahimta ba. Hajiya Zuwaira ta aiko cewa mai gidan ya samu sauƙi, Allah ya ƙara. Babban da ya aurar da 'yarsa kuwa, na bincika an ce saura 'yan mata uku a gidansa. Duk masu ƙanƙarar Azare muna yi musu addu'ar samun miji nagari, ɗaya bayan ɗaya, kuma cikin azumi.