Yanka Uku, Dattawa Biyar

Ko zan manta ranar da na karɓi digirina, ba na jin zan manta Asabar ɗin da na dafa wa surukina naman Faransawa. A lokacin bai zama surukin nawa ba tukuna, kuma saura ƙiris naman nan ya sa a fasa.

Shekarata ta biyu ke nan ina karatu a Manchester, ina zaune a wani ɗan ɗaki can ƙololuwar wani tsohon gida a unguwar Whalley Range, irin manyan gidajen nan da aka yayyanka aka zuba 'yan haya. Yarinyar da nake nema a Birmingham aka haife ta. Mahaifinta mutumin Kano ne kamar ni, ya shekara talatin da wani abu yana tuƙa bas, suna zaune a unguwar Ladywood a can Birmingham ɗin. Sau biyu na je gaishe shi, bai ce e ba, bai ce a'a ba. Sai ya aiko cewa zai zo ya ga inda nake zaune. Ba sai an yi min fassara ba, daga ziyarar nan za a ba ni ko a hana ni.

To ni a wautata, na ɗauka wanda ya daɗe haka a Ingila kallon ɗan ƙauye yake yi min. Na ce sai na nuna masa ni ma na waye. Tuwo da miyar kuka na iya su tun ina saurayi a gida, har da kuka da daddawar da mahaifiyata ta daka ta ƙunso min a akwati. Na tura su can ƙuryar kabad kamar kayan sata, na zauna kwana uku ina kallon wani Bafaranshe a waya yana koyar da nama mai masoro.

Na haddace karatun tsaf. A samu yanka mai kaurin yatsa biyu, a dandaƙa masoro a manna masa gaba da baya, kasko ya yi zafi har ya fara hayaƙi, minti uku kowane gefe, a sauke. A cikin kaskon a soya albasa da man shanu, shi ya zuba giya, ni na zuba romo da ruwan tuffa, sannan kirim ɗin madara. Babban sharaɗin, in ji shi, cikin naman ya zauna jawur, kuma a ci shi nan take.

Yanka uku na saya: nawa, na Baba mahaifin yarinyar, da ɗaya ko zai zo da ɗan rakiya. Ka ji fa. Ni da na tashi a gidan da ake ɗora tukunya da rabon wanda ba a san zai zo ba, ni ne na ƙirga baƙin Bahaushe da kai. Baba ya ce ƙarfe ɗaya zai zo, ni kuma sabon Bature ɗaya saura kwata na sauke nama.

Sai uku da rabi na ji ana hawowa bene ana nishi. Dattawa biyar. Ashe Baba ya biya unguwar Gorton barkar haihuwa, a can ya kwaso abokai. Teburina mai kujera biyu, da wuƙa da cokali mai yatsu da na jera, ko kallonsa ba su yi ba, suka baje a kan kafet. Naman ya yi sanyi ƙalau, miyar ta daskare ta yi fata a sama. Na ce bari in yayyanka ya ishi kowa. Wuƙa na shiga, jan ruwa ya malalo cikin faranti.

Ɗaya daga cikinsu, wani dattijo ɗan gidan mahauta, ya ɗaga yanki ɗaya ya duba shi ta hasken taga.

"Malam, mai gidan hayar ne ya yanke maka gas kana tsakiyar girki?"

Maimakon in yi shiru, sai na buɗe baki na fara lacca. Na ce ai haka ake cin sa, Faransawa sun ce in ya dahu sosai an ɓata shi. Baba ya bar ni na kai aya, sannan ya ce a hankali, "To madalla. Faransawan ne za su ba ka matar?"

Kunya ta rufe ni, na ji aure ya bi ruwa. Dattijon nan ɗan mahauta kuwa ya naɗe hannun riga ya ɗauki farantin ya yi kicin, ya sake yayyanka naman sirara-sirara, ya zaro ƙullin yaji daga aljihu, wai ba ya fita ba shi a ƙasar nan. Garin neman mai ya buɗe kabad, ya tura hannu ƙurya, sai ga asirina a waje. Ya kira Baba ya zo ya gani.

Baba ya kwance ledar kukar ya kai hanci, ya daɗe bai sauke ba. Daga baya na ji cewa tun rasuwar matarsa, shekara shida, ba wanda ya kaɗa masa miyar kuka irin ta gida, yaran sai taliya da kaza a tanda. Ya juyo ya dube ni.

"Kana da wannan a ɗaki, na tuƙo tun daga Birmingham, ka ba ni ɗanyen nama da madara?"

Ya duba agogo ya tambaye ni ko na iya tuƙa tuwo, ko shi ma sai na kalli waya. Ban taɓa tuƙi da zuciya ɗaya irin na ranar ba. Naman Faransa ya ƙare a cikin miyar kuka, miyar madara ta ƙare a bola. Dattawa biyar suka kewaye tire ɗaya suka sa hannu har aka suɗe. Na ga Baba yana share ido, ya ce yaji ne.

Da za su tafi, a kan bene ya tsaya, ledar kukata a hammatarsa, bai ko tambaye ni ba.

"Ka ce wa magabatanka su kira ni. Ita ba ta iya wannan miyar ba, kai za ka koya mata. Wancan kuma, in ka sake dafa shi, ka ci kai kaɗai."

Yau 'ya'yanmu biyu, amma ko a masallaci ya gabatar da ni, sai ya ce ga surukinsa mai ɗanyen nama. Na daina jin haushi, na ci a faɗa min. Abin da na koya shi ne, duk abin da ka ɓoye don kada a raina ka, ka dube shi da kyau kafin ka tura shi ƙurya. Ni dai na kashe kwana uku ina koyon zama Bafaranshe, alhali shi Baba, suruki ɗan Kano ya zo nema.