Baturen da Ya Yi Kuka a Fim

A shekarata ta biyu da fara zuwa birnin Guangzhou na China sarin kujeru na haɗu da shi, a wata masana'anta a yankin Panyu. Bature ne ɗan ƙasar Sweden, dogo, ya haura sittin. Aikinsa duba kaya kafin a loda: ya zauna a kan kujera, ya girgiza ta, ya kifa ta ya shafa ƙafafunta. Ni kuwa littattafan soyayya sun riga sun ɓata ni, ba na ganin mutum shi kaɗai ban ƙirƙiro masa wadda ta yaudare shi ba. Sai na liƙe masa, ina ce masa Baba.

Mun daɗe muna shan shayi tare kafin ya nuna mini wani abu a wayarsa. Wani tsohon fim ne, yaro mai farin gashi yana bin jirgin ƙasa a guje cikin ƙanƙara, yana kuka.

"Ni ne," in ji shi da Turanci. "Ina ɗan shekara tara."

Fim huɗu ya yi. Da muryarsa ta buɗe aka daina kiransa, amma mutanen gari ba su ƙyale shi ba. Har ya yi gemu, ya zama kafinta, ana tare shi a kanti ana cewa ya yi kukan nan. Shi ya sa ya taho inda ba wanda ya san shi. Ya turo mini fim ɗin, ya ce ya tsaya tsakaninmu.

Kwana biyu na kasa zama wuri guda. Na kalli fim ɗin a jirgin ƙasa, na kalle shi ina cin abinci. A wajenmu, in abokinka yana da abin yabo ka ɓoye, kamar hassada kake yi masa. Ranar Juma'a muna fitowa daga Masallacin Huaisheng na nuna wa wani Alhaji ɗan Maraɗi mai sarin fitilu. Kafin la'asar ya watsa shi a zauren 'yan kasuwa na waya.

Ranar Litinin mu shida muka sauka a Panyu, wai rakiya suka yi mini.

"Jarumi! Ka ga manya!" in ji Alhaji tun daga ƙofa. Ya juyo gare ni. "Kai Bakano, ashe babban mutum kake ɓoye mana? Ce masa ya ɗan taɓa kukan nan in tura wa Hajiya."

"Alhaji, don Allah bari."

"Bari me? Karrama shi muke yi!"

Suka kewaye shi da wayoyi, har mai masana'antar ya fito ya ɗauki hoto. Baba ya tsaya cak yana murmushi har suka gama. Sannan ya ƙarasa duba kujeruna, ya sa hannu a takarda, ya ce kaya lafiya lau. Bai dube ni ba.

Sau uku ina komawa a makon. A na ƙarshe mai masana'antar ya kaɗa hannu ya ce "meyo", wato babu. Ashe Baba ya nemi a mayar da shi wani gari. Na tura masa saƙon ban haƙuri, na ga alamar ya karanta. Na yi ta zagaye a titin Liuhua Lu ina duba waya har ƙafafuna suka yi ciwo.

Na goge fim ɗin. Da na koma Kano, ƙanwata ta miƙo mini wayarta tana share hawaye, ta ce, "Yaya, dubi wani yaro abin tausayi. An ce a China ya tsufa."