Daddawar Kaka a Cikin Kundin Tarihin Abinci

Jama'a, jiya na yi wani mafarki da har yanzu in na tuna shi sai tsigar jikina ta tashi. Ba ma da dare na yi shi ba, da rana tsaka ne, bayan azahar, ina kwance a kan tabarma ko kayan makaranta ban cire ba. Don Allah ku daure ku karanta har ƙarshe, domin gobe da safe ake yanke mini hukunci a gidanmu. Yaya Hadiza, idan kin ci karo da wannan rubutu, ki rufa mini asiri, ki ci gaba da shayar da jaririnki kamar ba ki ga komai ba.

Bari in fara da laifina, in ba haka ba ba za ku gane mafarkin ba.

A makaranta aka ba mu aiki, kowa ya rubuto tarihin wani abinci da ake ci a gidansu. Na tafi laburare, Malam Sabo mai kula da littattafai ya sauko mini da wani ƙaton kundi na tarihin abinci da abin sha. Wallahi ya fi turmin gidanmu nauyi. Da ya dire shi a kan tebur, wata 'yar aji ɗaya sai da ta yi atishawa bakwai a jere. Na fara dubawa, sai ga abin mamaki. Ashe tumatir baƙo ne a ƙasar nan! Attarugu baƙo, masara baƙuwa, rogo baƙo, har gyaɗa, gyaɗar nan da muke yi wa kallon 'yar gida, wai duk daga ƙetaren teku aka kawo su a jirgin ruwa. Na ce to, bari in nemi wadda na tabbata tamu ce gaba da baya. Na duba daddawa. Layi biyu kacal aka ba ta, ko hoto babu. Cakulan kuwa shafi goma sha biyu har da taswira. Abin ya ƙona mini rai.

A daidai wannan makon kuma Kakata take haɗa daddawa. Sunanta aka sa mini, shi ya sa take kirana Takwara. Yayata Hadiza ta haihu, ranar Lahadi suna, Kaka kuma ta rantse miyar taushen sunan nan ba za ta ga dunƙule ko ɗaya ba, daddawarta ce za ta yi aikin. Kalwar da ake yin daddawar da ita daga ƙauye aka aiko mata, daga ɗorawar da ta rage a gonar marigayi Kakanmu. Kwano biyu ce, kuma ita ke nan, babu ƙari sai baɗi. Yini guda ta yi tana dafa ta, ta surfa, ta wanke, ta sake dafawa. Ranar Talata da yamma ta juye ta da zafinta a kwando, ta rufe da faifai, ta lulluɓa buhu, ta naɗe da tsohon zanenta, ta yi masa wani irin ƙulli da ita kaɗai ta iya a duniya, ta ɗora dutse. Sannan ta tara mu ta ce, "Kwana uku. Ko gobara ta tashi, a fitar da ita a rufe. In zafin nan ya fita, ta mutu."

Jiya Laraba na dawo daga makaranta na tarar ba kowa a gida, duk suna can wurin mai jego. Shaiɗan ya raɗa mini cewa, littafi ya rasa hoton daddawa, ke kuma ga daddawa a ɗakin girkinku. Na ɗaga dutse, na kwance ƙulli. Tururi ya bugo ni, da wani wari da ya kusa mantar da ni sunana. Ɗakin da duhu, hoton ya ƙi fitowa, sai na ɗauko kwandon na fito da shi tsakar gida. Ina cikin ɗauka ƙawata ta kira ni da wata gulma mai zafi. Minti biyu na ce zan yi. Da na ajiye wayar na taɓa kalwa, sai na ji ta yi sanyi kamar ruwan randa. Na mayar da ita, na rufe, na yi ƙulli irin na igiyar takalmi, na ɗora dutse, na kwanta a tabarma ina salati. Barci ya sace ni.

Sai kawai na gan ni a laburaren makarantarmu, amma babu rufi, kantocin littattafai sun yi sama har sun shige gajimare. Ƙasan kuma kasuwar 'yan kayan miya ce, da caɓinta da komai. Malam Sabo yana zaune a kan turmi, ya yafa mayafin Kaka, ko kallona bai yi ba. Kundin nan yana tsaye a gabansa, ya kai ƙofar gareji girma, da muciya ake buɗe shafinsa.

Ya sa muciya ya buɗe shafi ɗaya. Sai ga tumatir suna gangarowa daga ciki, kowanne da ɗan akwatinsa a ka. Wata murya ta fito daga lasifika, irin ta 'yan kamasho a tasha, tana cewa, "Saura mutum ɗaya! Duk baƙo ya koma garinsu!" Na waiwaya, sai ga jirgin ruwa ya tsaya a tsakar gidanmu, daidai inda muke shanya, an ɗaure shi a jikin bishiyar gwanda. Ita ma gwandar daga baya ta tumɓuke kanta ta shiga. Ashe har da ita.

Attarugu ne a gaba, yana masifa yana ture kowa a layi. Masara na biye da shi da goyo. Rogo ya zo wucewa ya ce a ba shi garin kwakinsa, ya kwashe har na cikin akwatunan 'yan makarantar kwana. Ina jiyo ihunsu daga nesa, wasu har suma suke yi. Gyaɗa ta tattara mai da ƙuli-ƙuli ta yi gaba, ta bar mai tsire a tsaye da nama tsirara a tsinke. Ganyen shayi ma ya bi su, mai shayin bakin layinmu ya ci gaba da sheƙa iska daga wannan kofi zuwa wancan kamar ba abin da ya faru.

Na riƙe akwatin wani tumatir, na ce, "Haba ɗan uwa, tare fa muka taso. Wa zai yi mana dafa-duka?" Ya zare akwatinsa ya hau jirgi.

Sai kawai na gan ni a zauren gidanmu, an shimfiɗa tabarmi kamar za a raba gado. Waɗanda suka rage suna zaune a jere. Ga kuka da carbinta, ga gero, ga dawa, ga kuɓewa tana ta zamewa daga kan tabarma ana mayar da ita. A tsakiyarsu akwai buzu guda babu kowa a kai. Kuka ta gyara murya ta ce, "Baƙi sun tafi, saura mu 'yan gida. Ina daddawa?" Ta sake cewa, "Ina daddawa?" Gaba ɗaya suka juyo suna kallona. Gero fa ido dubu gare shi, kuma duk ni suke kallo. Na buɗe baki in ce ban sani ba, sai tururi ya fito maimakon magana.

Sai kawai kundin ya faɗo gabana a buɗe, a shafin daddawa. Fari fat, ko layi biyun nan babu. Na ɗora hannu, na ji shi da ɗumi kamar goshin mai zazzaɓi, yana hucewa a ƙarƙashin tafina. Daga nan rubutu ya fara fitowa da kansa kamar jerin tururuwa. Sunayen mata ne, daga sama har ƙasa, da yawa ban taɓa jin su ba. Kowace a gaban sunanta an rubuta: ta dafa, ta rufe, ta yi haƙurin kwana uku. Na ga na kakar Kaka, na ga na mahaifiyarta, na ga na Kaka. Sai tururuwan suka tsaya suka yi shawara, sannan suka rubuta nawa da manyan baƙaƙe: ta buɗe tun a kwana ɗaya, saboda hoto, kuma ta tsaya gulma. A gefe ga hotona, ba ma mai kyau ba, wannan na katin makaranta da na fito kamar an tashe ni daga barci da mari. A can ƙasa aka rubuta cewa daga nan tarihin daddawa ya ƙare. Malam Sabo ya leƙo ya buga hatimi, ya ce, "Zai fito a jarrabawa."

Na ce, "Malam, don girman Allah, minti biyu ne fa!" Ya ƙara buga hatimin.

Sai kawai ga ranar suna. Gida cike da mata, kowace da waina a faranti, ba miya. Aka buɗe tukunya, ruwa ne zalla, har ina hango fuskata a ciki. Ko guɗa babu. Jaririn Yaya Hadiza ya ɗago kai daga cikin tawul, ya dube ni sama da ƙasa, ya ce da muryar dattijo, "Anti, a haka za a raɗa mini suna?"

Can gefe na hango Kaka zaune ta ba ni baya. Tana ƙulla zanen nan, yana kwancewa, tana ƙullawa, yana kwancewa. Ba ta yi faɗa ba, kuma wannan ne ya fi tayar mini da hankali, domin Kakar da na sani ko cokali ka ajiye ba daidai ba sai unguwa ta ji. Na ce, "Kaka." Na sake cewa, "Takwara, ni ce fa." Ba ta juyo ba. Yatsunta kawai nake gani suna ta fama da zanen.

Na ruga wurin kundin, na ce bari in mayar da zafin da kaina. Na hura masa iskar bakina. Na lulluɓa masa hijabina, hijabin ya ƙanƙance ya koma kamar hankici. Da na rasa dabara sai na haye kan shafin na kwanta kamar kaza a kan ƙwai. Sai kawai na ji Malam Sabo ya sa muciya ya rufe littafin da ni a ciki. Na ji an lulluɓa buhu. Na ji an naɗa zane an ja ƙulli, na ainihin, ba irin nawa ba. Na ji an ɗora dutse. Muryar lasifikar nan ta ce, "Kwana uku. Ko gobara ta tashi, kada a buɗe."

Jama'a, ina ji ina gani na fara zama daddawa. Jikina ya yi laushi, yatsuna suka fara yauƙi, wari ya fara tashi daga ni kaina. Ina ihu ina cewa na tuba, a buɗe, ina da jarrabawa ranar Litinin, ba wanda ya kula.

A nan na farka, na jiƙe sharkaf da gumi, ana kiran la'asar. Kaka tana tsaye a kaina da mayafinta, ko jakarta ba ta ajiye ba.

Ta ce, "Takwara, wa kike ba haƙuri haka a cikin barci?"

Na ce, "Malamin lissafi ne, Kaka."

Ta ce, "Allah sarki." Ta sunkuyo ta kama bakin hijabina ta shinshina, ta sake shinshinawa. "Wannan turaren naki sabo ne? Kamar na san shi."

Na ce na ƙawata ne. Ta gyaɗa kai, ta wuce ɗakin girki. Na ƙirga numfashina har ashirin kafin ta fito. Sai da ta kai ƙofar ɗakinta ta juyo ta ce, "Jibi da safe ke za ki kwance mini zanen nan a gaban kowa. Ni yatsuna sun tsufa, naki kuwa na ga suna da saurin koyo."

Tun daga lokacin take tsamo mini naman da ya fi girma a miya, tana yi mini murmushi. Ni kuwa yau sau huɗu ina zuwa ƙofar ɗakin girki ina shinshinawa, in ji ko kalwar ta farfaɗo, amma hancina ya kasa gane ko warin daddawa ne ko na kalwar da ta lalace. Buɗewa kuma ba zan sake ba ko za a ba ni kundin nan kyauta.

Masu sanin mafarki, ku taimaka mini. Farin shafin nan da ya huce a hannuna, yana nufin daddawar ta mutu ke nan, ranar Lahadi in ga tukunyar ruwan nan da idona? Ko kuwa rufe ni da aka yi a ciki yana nufin in kama bakina, in yi haƙurin kwana ukun da na kasa yi? Ni dai bayan Kakar nan da ta ƙi juyowa shi ya tsaya mini a rai. In je in durƙusa in faɗa mata yau tun tana murmushi, ko in bari sai gobe, zane a hannuna, kowa na kallo?