Hotona da Inna

Ni ce 'yar fari a gidanmu, shi ya sa Inna ba ta taɓa kiran sunana ba. "Ke" take cewa, shi ke nan. Haka aka tarbiyyantar da su a ƙauyensu can wajen Gwaram, uwa ba ta nuna son ɗan fari a gaban mutane. Na saba, wallahi na saba, har ranar da na sayi babbar waya.

Ƙawayena na Birnin Kudu ba su da aiki sai ɗora hotuna, wannan ta rungume mamarta, waccan ta kwantar da kai a cinyar tata. Ni kuwa na bincike wayata kaf, babu ko ɗaya da muke tare da Inna. Abin ya tsaya min a rai, na kasa zaune na kasa tsaye.

Ranar bikin ƙanina na ɗaura niyya. Na lallaɓa na zauna gefenta a tabarma, na miƙa wa ƙanwata wayar. Kafin ta danna, Inna ta miƙe zumbur, wai za ta duba waina. Wace waina kuma, bayan an gama rabo tun hantsi! Sau uku ina binta, sau uku tana zillewa. Na shige ɗaki na sha kukana.

Da haushi ya ci ni, na kai wa mai hoto na bakin kasuwa hoton Inna daban, nawa daban, ya haɗa mu kafaɗa da kafaɗa. Na ɗora, na rubuta addu'a a ƙasa.

Ba a kwana biyu ba hoton ya isa Gwaram. 'Yan'uwan Inna suka yi ta kiranta suna yi mata tsiya: "Lallai an waye, har da jingina da 'yar fari!" Sati guda in na gaishe ta sai dai ta gyaɗa kai. Na goge hoton ina jin kunya kamar an kama ni da sata.

Bayan ƙaramar sallah ƙanwata ta shigo ɗakina, ta turo ƙofa, ta ce Inna ce ta aiko ta.

Na ce, "Me kuma na yi?"

Ta ce, "Wai in mai hoton bai goge nasa ba, ya wanko mata guda ɗaya, ƙarami, wanda zai shiga jakarta. Kuma kada kowa ya ji."