Jan Ƙyallen Tokuji

Faɗana da Tokuji a kan jan ƙyalle ne. Da sanyi ya janye, bikin kallon furen bishiyar sakura ya matso, ma'aikatan gari suka bi bakin kogi suna ɗaura ƙyalle a jikin duk bishiyar da ta ruɓe, alamar za a sare ta. Wadda Tokuji ke zama a gindinta aka ɗaura wa. Washegari na tarar da ƙyallen a jikin tawa, wadda nake sayar da curin shinkafa a gindinta tun ina da haƙora.

Na wanke Tokuji tas, na ce masa ɓarawon inuwa, tsohon banza. Bai musa ba, sai sunkuyar da kai kamar mai neman allura.

Tokuji tsohon makanikin jirgin ƙasa ne. Kowace shekara ranar biki shi ke sammako ya shimfiɗa tabarma a gindin bishiyarsa ya kama wa abokan aikinsa wuri, su ci, su sha giyar shinkafa, su yi waƙa marar kan gado. Mutuwa ta yi ta tsince su ɗai-ɗai, shi kuwa bai rage tabarma ba. Sai ya zuba wa kowa a ƙoƙonsa, har waɗanda suka mutu, ya zauna yana kallon fure na faɗawa ciki.

Da bakina ya gaji ya faɗi dalili. Da aka ƙona gawar matarsa Sumie bisa al'adarmu, ya ƙi kai tokar kabarin dangi, don uwarsa na can, kuma su biyun ba sa ga maciji. A saiwar bishiyar ya binne ta.

"Kiku, in an tone ta, ina zan zauna?"

Na bar ƙyallen inda yake. Aka sare tawa, lafiyayya.

Ranar biki gari ya fito kaf. Ko iska babu, ruɓaɓɓen reshen bishiyarsa ya ɓalle ya sauka a ƙugun Tokuji. Motar asibiti na tafiya mutane suka gyara tabarmi suka ci gaba da waƙa, fure ba ya jiran kowa. Aka sare tasa, aka ce har saiwa za a tumɓuke.

Likita ya ce Tokuji da tafiya sai a mafarki. Ya juya wa bango fuska, ya ƙi abinci.

Na riga masu tono zuwa gindin, da cokali. Na je na dire masa tukunyar wakena a kan gado, cike da baƙar ƙasa.

"Ga matarka nan, ɓarawo. In ka gama kukan, ka dawo mini da tukunyata."